Goron da Gwaggo Ba Ta Fasa Ba

Ranar da Gwaggo ta rasu, ga abin da ke jibge a gidana na Ƙanƙara: buhunan shinkafa da na gero na gara, tuluna biyu na man shanu da na sa aka tara mani daga rugage, gadon ƙarfe da na ɗauko daga Funtuwa a bayan mota, tasoshi da kwalla na jere har ƙofar ɗaki ta ƙi rufuwa, da bijimi ɗaure yana cin dusa. Lefe ya riga ya iso daga Sabuwa, mata sun gani, sun yi guɗa. An sa rana, sai bayan an gama cirar auduga. Ɗiyata zan aurar ga ɗan abokin cinikina, mutumin da rabin audugar da nake saye ta hannunsa take biyowa. Abu ɗaya ya rage mani, shi ne bakin Gwaggo, kuma Allah ya rufe shi kafin ta ce mani i ko a'a.

Na binne uwa, na binne uba, na binne mata, amma ban taɓa zama irin makokin nan ba. Mutum zai shigo zaure ya durƙusa, ya yi addu'a, a shafa, sai ya ƙi tashi. Wani dattijo daga Faskari ya matso har gwiwarsa na taɓa tawa, ya rage murya.

"Malam, ta bar maganar ga wani?"

"Wace magana, Baba?"

"Ka san wadda nake nufi. Ina da jika da za a ɗaura wa aure da bazara."

Na ce mashi ba ta bar wa kowa ba. Ya sa hannu a aljihu ya taɓa wani abu, ya fasa fitowa da shi. Na san goro ne. Tun kafin ya ji labarin rasuwar ya saya don ya kawo mata.

A cikin gida kuma akwai matan Mabai da na Pauwa da suka tako da ƙafa. Matata ta ce kukansu bai yi yawa ba. Tambayar juna suka yi ta yi, wace ce ta ba ɗan wance nono, wace ce ta goyi 'yar wane, kuma ba a samu biyu da bakinsu ya zo ɗaya ba. Wata tsohuwa ta saurare su har ta gaji, ta ce, "Ku bari haka nan. Wadda ta sani tana ƙarƙashin ƙasa."

Gwaggo yayar mahaifina ce. Ungozoma ce, a Pauwa ta yi yawancin rayuwarta, sai da ƙarfi ya ƙare na matsa mata ta dawo wurina. Ba ta haihu ba, amma a ƙauyukan nan da wuya ka sami gidan da ba ta yanke cibi a cikinsa ba. A shekarun da fara ta yi ta sauka kan gero, da waɗanda sanƙarau ya biyo baya, mata masu jego sun mutu da yawa. Jaririn da uwarsa ta tafi, duk macen da ke da nono ita ake miƙa mata shi. Wata ta shayar da shi wata guda, wata yini guda, wata tana tsaye bakin rijiya ta ba shi don ya yi shiru ta wuce abinta. A shari'a kuwa ko makwarwa ɗaya ce ta shiga cikinsa, ya zama ɗanta, 'ya'yanta sun zama 'yan'uwansa, aure ya haramta. Matan nan aure ya watsa su gari-gari, wasu sun mutu, maza kuma ba su taɓa sanin abin da aka yi a bayan danga ba. Gwaggo ce ke ɗaukar jariran tana kaiwa, don haka ita ce ta riƙe.

Saboda haka al'ada ta zauna a ƙasarmu: kafin a sa ranar aure, sai a kai wa Gwaggo goro guda. Za ta tambayi uwar yaro da uwar yarinya, da garin da aka haife su, da abin da aka noma a shekarar. Sai ta juya goron a tafin hannu. In hanya a buɗe take, za ta fasa shi, ta goge ɓari ɗaya a magogi don ba ta da haƙori, ta miƙa maka ɗayan ta ce, "Ci, Allah ya sa alheri." In akwai nono a tsakani, ba za ta fasa ba. In kuma ba ta tabbata ba, sai ta ƙulle shi a bakin zanenta ta ce a ba ta lokaci, ta hau jaki ta je ta tambayo. Ba ta taɓa karɓar ko mudun dawa a kan wannan ba.

Na taɓa tambayarta mi ya sa take wahalar da kanta. Muna kasuwar 'Yankara ran nan, na kawo fata, ita kuma ta biyo ni sayen kanwa. Ta nuna mani wata mace da leɓe, tana zaune ita kaɗai da ƙwaryar daddawa, yara uku sun kewaye ta.

"Ka ga waccan? An ɗaura mata aure ina kwance da ciwon ƙafa, suka ce ba su iya jirana. Sai da ta haifi na ukun nan wata inna ta zo suna daga nesa, ta ga mijin, ta dafe ƙirji. Alƙali ya raba. Mijin ya bar ƙasar, ba a sake jin ɗuriyarsa ba. Yaran nan, in suka girma, mi za su kira ubansu? Baba ko kawu?"

Na kalli matar. Ba wanda ya tsaya sayen daddawarta duk tsayuwar da muka yi.

Sauran al'amuran biki ma ba ta sassauta ba. A bikin babban ɗana ta shiga ɗakin amarya bayan an yi daɓe, ta taka da dunduniya, ta ce daɓen bai sha ruwan makuba ba, a sake. Mata suka ce lokaci ya ƙure. Ta ɗauki madaɓi da kanta ta durƙusa, kunya ta sa kowa ya koma aiki. Man shanun gara sai ta lakata ta ɗanɗana, in an haɗa shi da man gyaɗa a mayar wa mai shi. Tasar aro ba ta shiga jere in tana wurin. Takan ce ranar da masu tasa suka zo karɓar kayansu, amarya ce za ta tsaya gaban dangin miji da bango tsirara. Mutane suna gunaguni a bayanta, amma in an ce Gwaggo ce ta tsaya kan biki, dangin ango ba su buɗe buhu don dubawa.

Ni kuwa har na sayi mota ban fita daga sunan da ta sa mani ba. "Mai jaki" take kirana, don da jaki ɗaya na fara fatauci, kuma ita ta ba ni kuɗin akumarinsa.

Abin da ta yi mani wanda ba ni iya biya shi ne ɗiyar nan. Uwar yarinyar ta rasu a Pauwa tun ba a yi suna ba, ni ina can kudu da jakai, sai da na dawo na tarar da kabari. Gwaggo ta goya jaririyar, ta yi ta bin gidaje da ita safe da yamma. Duk inda ta ji kukan jariri sai ta yi sallama. Da damina ta yi wannan, cikin taɓo, tana da shekarun da ya kamata a ce ita ake yi wa hidima. Yarinyar ta rayu, ta yi ƙiba. Shi ya sa Gwaggo ke ce mata "ɗiyar unguwa." In yarinyar ta ƙi aike sai ta ce, "Ke da kika cinye nonon Pauwa kaf, har kina da bakin cewa kin gaji?" Ita kuma ta ce, "Ai ke kika yi roƙon, tsohuwa, ni ban aike ki ba."

Sau ɗaya muka yi faɗa da ita, a kan auren nan. Yaron na Sabuwa ya daɗe yana kawo mani auduga a madadin ubansa. Ya ga yarinyar, ta gan shi, suka daidaita tun kafin mu manya mu sani. Yaro ne mai hankali, ba ya jiƙa auduga don ta yi nauyi, ba ya sa tsakuwa a ƙasan buhu. Da na je Sabuwa uban ya yi mani maganar a gaban mutanensa, na ba shi hannu, muka sa rana a zaunen nan. Lissafina a lokacin mai sauƙi ne. Uwar yaron 'yar Sabuwa ce, a can aka haife ta, a can ta mutu, ba ta taɓa taka Pauwa ba. Ban ga ta inda nono zai shigo ba. Da na dawo na kai wa Gwaggo goronta don cika al'ada.

Ta karɓa ba ta dube ni ba.

"An ce ka sa rana."

"Na sa, Gwaggo. Uwar yaron ba ta san hanyar Pauwa ba."

"Uwar yaron na tambaye ka? Ubansa, mata nawa ya aura tun da yake?"

Na ce ban ƙirga mashi ba, kuma ban ga ruwan wannan da maganarmu ba.

"Mai jaki, ka iya awon auduga, wannan kau ba ka iya ba. Nonon mace na mijin da ya yi cikin ne. In matar mutum ta shayar da jaririya, jaririyar ta zama ɗiyar mutumin nan, ƙanwar duk 'ya'yansa, ko uwarsu ba ɗaya ba ce. Akwai wata yarinya da ta zo wankan jego gidan iyayenta a Pauwa, daminar da nake yawo da ɗiyarka. Daga wajen Sabuwa aka kawo ta. Ɗanta bai yi kwana ba ya koma, nono ya cika mata har tana kuka. Auren bai daɗe ba bayan nan ya mutu. Ina ganin fuskarta yanzu haka. Abin da ban riƙe ba, matar wa ce, kuma na shiga gidan da ɗiyarka ko wucewa na yi."

Na ce Sabuwa gari ne, ba gida ɗaya ba. Na ce lefe yana hanya, na ba da hannu a gaban mutane, kuma ni da mutumin nan cinikinmu ya fi shekara goma. Na ɗaga murya, ban ɓoye ba. Ta bar ni na gama, ta ƙulle goron a bakin zanenta.

"Ka je ka tambayi abokin naka. Ni kuma ka sa a ɗaura mani jaki."

Na aika Sabuwa. Amsa ta dawo cewa i, ya taɓa auren wata 'yar Pauwa da ƙuruciya, bayan uwar yaron, zaman bai yi nisa ba, ya ma manta da ita. Da na gaya wa Gwaggo sai ta fara shirin tafiya Pauwa. Na ce ta bari in kai ta da mota in an gama kasuwa. Ta ce mota ba ta shiga inda za ta, kuma matan da za ta tambaya ba su buɗe baki in namiji na tsaye. Ta tafi da wata jikar maƙwabta tana jan jakin. Ruwan ƙarshen damina ya kama su a hanyar dawowa. Ta iso jiƙe, jikinta na rawa, ta kwanta. Kashegari zazzaɓi ya rufe ta, harshe ya yi nauyi. Na durƙusa kusa da kanta na ce, "Gwaggo, mi kika samo?" Ta buɗe ido ta dube ni, ta dubi ɗiyar da ke riƙe da ƙafarta, leɓenta ya motsa. Na kai kunne. Ban ji komai ba sai numfashi. Ba ta sake magana ba har Allah ya karɓi abinsa.

Matan da suka yi mata wanka ne suka kwance bakin zanen. Matata ta fito da goron a tafin hannu ta miƙo mani ta bayan ƙofa. Ya yi yaushi, ya fara baƙi, amma ba a fasa shi ba.

Bayan sadakar bakwai na je wurin Liman na zayyana mashi komai. Ya ce a shari'a ba a hana aure da zato. Ko da Gwaggo ta faɗa da bakinta, shaidar mace ɗaya ba ta isa alƙali ya raba ba, sai dai a so mutum ya nisanta. Balle ga shi ba ta faɗa ba.

"To, Malam, in kai ne?"

"Ni ba ni ne uban yarinya ba. Abin da littafi ya ce na gaya maka."

Na tafi Pauwa da kaina. Gidan da aka yi jegon ya zama kango, an shuka kuɓewa a tsakar gidan. Matar da ta yi jegon ta daɗe da rasuwa a wani aure can yamma. Na sami tsohuwar da Gwaggo ta sauka wurinta, ta yi mani magana ta bayan zana.

"Ta tambaye ni, na ce ni dai na san ana kawo jaririya unguwar nan, amma ban rantse an shiga gidan nan da ita ba. Sai ta ce in kai ta kangon. Ta tsaya daidai inda ƙofar ɗakin take da, ta daɗe. Ta kai hannu baya kamar mai gyara goyo. Sannan ta ce a kawo jaki."

"Ba ta ce komai ba, Inna?"

"Ta ce hadari na haɗowa."

Abokin cinikina ya zo ta'aziyya daga Sabuwa, da muka keɓe ya shiga maganar kai tsaye. Ya ce tsohuwa ta dawo ba ta cikin hayyacinta, wa ke tuna goro yana rawar ɗari? Ya ce da ta samo wani abu da ta aiko tun daga Pauwa. Ya ce in na fasa, duk Sabuwa za a ce na ƙi ɗansa ne na laɓe bayan gawa. Maganarsa ba ta wofi ba ce, na auna ta sosai. Sai dai na san Gwaggo. Tafiyar Pauwa zuwa Ƙanƙara a kan jaki doguwa ce, magoginta yana cikin ɗan ƙunshinta, kuma ruwan bai sauko ba sai da suka kusa gari. Mace ce da ba ta iya riƙe albishir. Sau da yawa na gan ta ta dawo daga irin wannan tafiya da jan baki, tana ɗaga ɓarin goro tun daga ƙofar gari. Amma kuma in ta tabbata akwai nono, da ta gaya wa tsohuwar can a tsaye, don ba ta jin nauyin kowa. Abin da na fi zato shi ne har ta mutu ba ta tabbata ba.

Ni ɗan kasuwa ne. Buhun da na yi shakka a kansa nakan saya wani lokaci, don in ya ɓaci hasarar ta tsaya a aljihuna, in mayar a wata kasuwar. Na yi ta neman yadda zan sa auren nan cikin irin wannan lissafi, ya ƙi shiga. Duk sanda na rufe ido sai in ga matar nan ta 'Yankara da yaranta uku.

Na kira ɗiyata bayan la'asar na ajiye goron tsakaninmu. Ta san abin da yake nufi, a gidan ta girma.

"Baba, Liman ya ce ya halatta."

"Ya ce ba a hana ba."

"To in ba ta shiga gidan da ni ba fa? In wucewa ta yi?"

"In haka ne na cuce ki, kuma zan amsa a gaban Allah."

"Ka ce in haƙura a kan abin da ba wanda ya sani."

"Shi ya sa. In an ɗaura, wata rana wata tsohuwa ta zo suna ta dafe ƙirji, ba ni da abin da zan iya yi maki."

Ba ta yi kuka a gabana ba. Ta ɗauki goron ta juya shi, ta ce, "Tsohuwar nan, ta yi roƙo ta raya ni, ta kuma tafi da amsata." Ta ajiye, ta tashi.

Na mayar da lefe Sabuwa da kaina, ban aiki kowa ba. Abokin cinikina ya karɓe ni a tsaye, ya sa aka ƙirga kayan a gabana ɗaya bayan ɗaya, abin da bai taɓa yi mani ba ko a kan auduga. Yaron yana bakin zaure, ya gaishe ni har ƙasa, wannan ya fi mani ciwo.

Na rubuta wannan ne don kada a manta da ita, don kuma masu 'ya'ya su ji. Jariran shekarun nan duk sun kai aure yanzu. Tun rasuwarta an ɗaura aure a Mabai, an ɗaura a Faskari, dattijon nan ma ya aurar da jikarsa, ba wanda aka kai wa goro. Ana ta guɗa, ni kuma in na ji sai in tuna da matar nan ta 'Yankara. Wanda ke da tsohuwa a gida ya zauna ya tambaye ta tun bakinta na motsi. Allah ya jiƙan Gwaggo, ya sa hannun da ya ɗauki marayun mutane ya karɓi littafinta ta dama.

Ga yadda na tashi. Audugar Sabuwa ta koma hannun wani, bana motata rabi take zuwa Funtuwa. Bijimin na yanka shi a sadakar arba'in, shinkafar ma can ta tafi. Man shanun ya fara wari, na raba wa maƙwabta. Gadon ƙarfe da tasoshi suna nan a kulle. Ɗiyata tana kawo mani abinci, tana gaishe ni, daga nan ba ta ƙarawa, kuma an ce yaron zai yi aure da kaka. Wannan ita ce hasarar, na san iyakarta. Ribar kuwa, in akwai, ba zan gan ta a duniya ba. Goron yana cikin aljihun rigata, ya bushe ya zama kamar tsakuwa, ko na so fasa shi yanzu ba ya fasuwa.